Agogon Da Ke Dawo Da Jiya: Tatsuniya Ko Gaskiya?

 Abin da ya jawo maganarmu ta yau wani ɗan abu ne da ya faru a gabanmu kwanan baya, a rumfar wani dattijo mai gyaran agogo da ke bakin kasuwar unguwarmu. Muna zaune muna jiran ya sa mana batir, sai ga wani yaro ɗan kimanin shekara 11 da rigar makaranta a jikinsa. Ya durƙusa ya yi gaisuwa, sa'an nan ya ce, "Baba, don Allah nawa ne agogon nan da ake dannawa lokaci ya tsaya?" Dattijo ya ɗaga kai ya dube shi, ya ce, "Yaro, me za ka yi da shi?" Ya ce jarrabawar lissafi gare su ranar Litinin, kullum kuma kafin ya kai rabin takarda malam ya ce a ajiye alƙalami. Duk muka kwashe da dariya. Dattijon ya ce masa shekararsa 40 yana buɗe cikin agogo, iyakar abin da ya taɓa gani shi ne agogo ya tsaya, rana kuwa ta ci gaba da tafiyarta.

Bayan mun tashi sai abin ya riƙa dawo mana a rai. Yaron nan a fim ya ga wannan agogo, kuma dubbansa sun gan shi, a talabijin, a gidajen kallo, da cikin wayoyin iyayensu. Bugu da ƙari, ba yara kaɗai ne ke neman abin ɗaurawa mai ƙarfin ɓoye ba. Manya ma suna zuba kuɗinsu wajen sayen sarƙa ko abin hannu da aka ce yana ɗauke da wani sirrin ƙarfi. Shi ya sa muka ga ya dace mu zauna mu duba asalin wannan na'ura ta cikin labarai, wato abin da ake ɗaurawa a hannu ko a rataya a wuya, a taɓa shi ya sarrafa lokaci da ƙarfin tsafi. Daga ina ta fito, me masu labarin suke nufi da ita, kuma ina iyakar gaskiyarta?

Daga keke zuwa wuyan hannu

A shekarar 1895 wani marubuci ɗan Ingila mai suna H. G. Wells ya fitar da littafinsa a kan injin tafiya cikin lokaci. Injin nasa babba ne, yana da wurin zama kamar sirdin keke da sanduna da ake ja. Kafin shi ma, a 1881, wani Ba'amurke mai suna Edward Page Mitchell ya rubuta gajeren labari a kan wani dogon agogon ɗaki da yake tafiya da baya, yana jan mutane zuwa zamanin kakanninsu. A wancan zamani injin lokaci abu ne mai nauyi da ake ajiyewa a ɗaki.

Abin ya sake ne bayan Yaƙin Duniya na Ɗaya, daga 1914 zuwa 1918, lokacin da sojoji suka saba da ɗaura agogo a hannu, domin wanda ke riƙe da bindiga ba shi da sukunin laluben aljihu. Da suka koma gida sai agogon hannu ya zama ado da kayan aiki ga kowa. Mu tuna yadda kakanninmu suke auna yini: asuba, hantsi, walaha, azahar, la'asar, almuru. Rana da inuwa su ne ma'auni, ba kuwa wanda zai yi tunanin kamo rana da hannu ya mai da ita gabas. Amma agogon hannu yana da ɗan maɓalli a gefe. Ka ja shi ka murɗa, sai ka ga ƙarfe huɗu ta koma ƙarfe uku a gaban idonka. Kowane yaro da ya taɓa wasa da agogon babansa ya san wannan daɗi. Daga nan zuwa mafarkin cewa duniya ma za ta bi hannun agogon ta koma baya, taki ɗaya ne kawai. Har a bakinmu maganar ta zauna, in wani ya ɓata aikin da aka yi nisa da shi mukan ce ya mayar da hannun agogo baya.

Masu ƙaga labari ba su yi sanya ba. A 1962 John D. MacDonald ya rubuta labarin wani saurayi da ya gaji agogon zinariya mai tsai da lokaci. A 1997 gidan talabijin na ITV a Ingila ya fara nuna wa yara wasan Bernard's Watch, labarin wani yaro mai yawan makara da aka ba shi agogon aljihu, in ya danna kowa ya sandare sai shi kaɗai. An kuwa gindaya masa sharaɗin kada ya cuci kowa da shi. Mu riƙe wannan magana ta sharaɗi, domin za mu sake haɗuwa da ita sau da yawa.

Agogon fim ɗin "24"

Masu son finafinan Indiya, waɗanda ba su da kaɗan a cikinmu, za su tuna da fim ɗin 24 da ya fito a 2016 cikin harshen Tamil. Vikram Kumar ne ya ba da umarni, A. R. Rahman ya yi kiɗan, jarumi Suriya kuma ya fito a matsayin mutum uku: masanin kimiyya Sethuraman, da ɗan tagwaicinsa mugu Athreya, da ɗan masanin, wato Mani.

Masanin ya ƙera agogon hannu a 1990. Ɗan'uwansa ya zo ƙwace shi, ya kashe shi da matarsa, amma jaririnsu ya tsira a hannun wata mata da aka damƙa wa shi a jirgin ƙasa. Mugun ya yi dogon suma na shekara 26, ya farka ƙafafunsa ba sa aiki. Yaron kuwa ya girma ya zama mai gyaran agogo, har ya gano abin da mahaifinsa ya bari. Agogon yana tsai da lokaci na sakan 30, yana kuma kai mai shi baya ko gaba, amma iyakarsa awa 24. Daga nan fim ɗin ya samo sunansa. Da farko Mani wasa ya riƙa yi da shi: ya tsai da ɗigon ruwan sama a iska, ya gyara kuskuren da ya yi a gaban yarinyar da yake so. Athreya kuwa awa 24 ba ta ishe shi ba, shekara 26 yake so a dawo masa da ita domin ya sami ƙafafunsa da ƙuruciyarsa. Duk makircin da ke cikin fim ɗin daga wannan iyaka ta awa 24 ya taso. Da agogon ba shi da iyaka, da labarin ya ƙare cikin minti biyar.

Sarƙar ɗalibar Hogwarts

Na biyu shi ne Majuyin Lokaci da ke cikin littafi na uku na Harry Potter, wanda J. K. Rowling ta fitar a 1999, aka kuma mai da shi fim a 2004. Shi wannan 'yar kwalba ce mai siririn ƙugu da rairayi a ciki, an rataye ta da sarƙar zinariya. Juyi ɗaya, awa ɗaya baya. An ba ɗaliba Hermione shi da izinin hukuma domin ta halarci darussa biyu ko uku da ake yi a lokaci guda. Ashe matsalarta irin ta yaron rumfar mai agogo ce: karatu ya yi yawa, lokaci ya yi kaɗan.

Sharaɗin da aka ba ta shi ne kada kowa ya gan ta, musamman ita kanta ta baya. A ƙarshen littafin ita da Harry sun juya kwalbar sau uku, suka koma baya awa uku, suka ceci wani mutum da aka yi wa ƙazafi da wata dabba da aka yanke wa hukuncin kisa. Sai dai mai karatu mai lura zai ga cewa duk abin da suka je suka yi, dama ya riga ya faru tun a karo na farko, su ne dai ba su gane ba. Da shekara ta ƙare Hermione da kanta ta mai da sarƙar, domin yini mai tsawo ya gajiyar da ita ƙwarai. A littafi na biyar, na 2003, marubuciyar ta sa aka farfasa duk sauran kwalaben da hukuma ta ajiye. A wasan daɓe da aka fara nunawa a Landan a 2016 kuwa, wasu yara biyu sun sami irin wannan na'ura suka koma baya don su ceci wani saurayi da aka kashe, sai ɗayansu ya dawo ya tarar azzalumin da aka kayar a da shi ke mulkin duniya. Garin gyaran gira suka rasa ido.

Idon Agamotto

Na uku shi ne ya fi dacewa da abin da muke magana a kai, domin ya haɗa lokaci da tsafi da motsin hannu wuri guda. Dakta Strange ya fara bayyana a littattafan zane-zane na kamfanin Marvel na Amurka a 1963, daga hannun Steve Ditko da Stan Lee. A fim ɗin 2016, inda Benedict Cumberbatch ya fito a matsayinsa, likitan tiyatar ƙwaƙwalwa ne mai girman kai wanda haɗarin mota ya lalata masa hannuwa. Neman magani ya kai shi Katmandu ta ƙasar Nepal, inda ya koyi sihiri, ya kuma sami wani abin wuya mai siffar ido da ake kira Idon Agamotto. A cikinsa akwai koren dutse mai riƙe da lokaci.

Yadda yake aiki da shi abin kallo ne. Yakan gitta hannuwansa idon ya buɗe, wasu korayen zobba na haske su zagaye masa wuyan hannu, sa'an nan ya murɗa tafinsa kamar mai neman tasha a rediyo. Da tuffa ya fara gwaji: ya murɗa gaba ta cinye har ta ruɓe, ya murɗa baya ta dawo ɗanya shar. Abokan karatunsa suka tsawata masa, suka ce wasa da lokaci yana tsaga duniya, kuma kowane bashi da ranar biyansa. A ƙarshe ya yi nasara a kan dodon nan Dormammu ta hanyar ɗaure kansa da shi cikin lokaci guda mai maimaita kansa. Dodon ya kashe shi, lokaci ya dawo, ya sake kashe shi, haka dai har dodon ya gaji ya nemi sulhu. Wato kuɗin nasarar shi ne ɗanɗanar mutuwa ba sau ɗaya ba, ba sau biyu ba.

A fim ɗin 2018 na Avengers, mugun nan Thanos ya karɓe dutsen ya haɗa shi da wasu biyar a kan safar hannu ta ƙarfe, ya kaɗa yatsa, rabin masu rai suka zama toka. Kafin ya mallaki ɗaya daga cikin duwatsun sai da ya sadaukar da 'yarsa. A fim ɗin 2019 da ya biyo baya, jarumin da ya yi amfani da duwatsun ya kawar da shi ya rasa ransa a wurin, domin jikin ɗan'adam ba ya ɗaukar wannan ƙarfi. Shi kuwa Dakta Strange, hannuwansa sun ci gaba da rawa, yana kuma ɗaure da wani fasasshen agogo da wata mai ƙaunarsa ta ba shi tun kafin haɗarin.

Abin da ya haɗa su

Idan muka jera waɗannan labarai, daga Indiya, da Ingila, da Amurka, za mu ga abu ɗaya. Kowane marubuci da ya ƙera wa jaruminsa irin wannan na'ura sai da ya sa mata takunkumi. Wani ya sa iyakar awa 24, wani ya ce kada a gan ka, wani ya ce sai ka biya da jininka. Wanda ya yi haƙuri da iyakar shi ne jarumi, wanda ya nemi ƙetare ta shi ne mugu ko wawa. Masu waɗannan labarai sun san abin da ke cin ran kowane mai kallo: wata magana da ya faɗa wa mahaifiyarsa yana son janyewa, wata tafiya da ya so bai yi ba, wani mamaci da bai samu ya roƙi gafararsa ba. Sukan ba shi awa biyu ya yi mafarkin gyarawa, sa'an nan a hankali su nuna masa cewa da-na-sani ƙeya ce, a baya take.

Mu ma muna da namu. Mun gaji labarin laya da guru da kambu, da layar zana da aka ce mai ita yakan ɓace wa ido, da baduhu, da maganin ƙarfe. Cikin hikayoyin Dare Dubu da Ɗaya akwai zoben Alauddin, wanda ya murza shi cikin kogo ba da niyya ba aljani ya bayyana. To, ga abin ɗaurawa, ga taɓawa, ga ƙarfin ɓoye, tun kafin a ƙirƙiri sinima. Su ma waɗannan ba a rasa su da sharaɗi: kada a shiga wuri kaza da shi, kada a ci abu kaza, in ba haka ba ya karye. Amma duk cika bakin masu irin wannan kaya na da, ba mu taɓa jin wanda ya ce zai dawo wa mutum da jiya ba. Wannan buri sai da agogo ya hau hannu ya zo.

Me masana kimiyya suka ce?

Abin mamaki shi ne, lokaci ba ya tafiya daidai ga kowa. Albert Einstein ya bayyana haka a 1905 da 1915: agogon da ke gudu da sauri yakan yi jinkiri, haka ma agogon da ke kusa da abu mai nauyi kamar duniyarmu. A watan Oktoba na 1971 wasu Amurkawa biyu, Joseph Hafele da Richard Keating, sun ɗauki agogon atam guda huɗu suka hau jirgin fasinja suka zagaya duniya, sau ɗaya ta gabas, sau ɗaya ta yamma. Da suka dawo suka gwada da agogon da aka bari a ƙasa, sai aka sami bambanci kamar yadda lissafin Einstein ya nuna. Sai dai bambancin bai kai kashi ɗaya cikin miliyan na sakan guda ba.

Wannan ɗan bambanci yana aiki a aljihunmu yau. Taurarin ɗan'adam na GPS, masu nuna wa direba hanya a waya, suna shawagi kimanin kilomita 20,200 daga ƙasa, agogonsu kuma yana wuce namu da kashi 38 cikin miliyan na sakan a kowace rana. Da ba a gyara wannan a lissafi ba, da kuskuren taswira ya riƙa ƙaruwa da kusan kilomita 10 kullum. Ɗan sama jannatin Rasha Sergei Krikalev ya yi kwana 803 a sararin samaniya, jimilla, yana gudun kusan kilomita 28,000 a awa. Ribar da ya samu ita ce ya rage tsufa da kimanin kashi ɗaya cikin 50 na sakan. Wannan shi ne abin da roka da dukiyar gwamnati suka iya saya, kuma shi ma tafiya gaba ce.

Komawa baya kuwa ba wanda ya taɓa yi. Furar da aka dama ba ta komawa gero daban, nono daban, kuma ƙwan da ya fashe ba ya haɗa kansa. Masana sun daɗe da lura cewa al'amuran duniya daga tsari suke gangarawa zuwa watsewa, wannan gangara kuwa ita ke bambanta jiya da gobe. Akwai kuma tambayar da ke ɗaure kai: in mutum ya koma baya ya hana kakansa auren kakarsa, wa ya haifi wanda ya koma ɗin? Shahararren masanin nan Stephen Hawking ya yi wani gwaji na raha a ranar 28 ga Yuni, 2009. Ya shirya walima a Jami'ar Kambirij domin matafiya daga zamani mai zuwa, amma bai fitar da takardar gayyata ba sai bayan an tashi, ta yadda wanda ya iya dawowa baya ne kaɗai zai halarta. Ya zauna ya jira, ba wanda ya zo.

Ɓangaren taɓawa kam ya tabbata. Agogon zamani irin su Apple Watch, wanda ya shiga kasuwa a 2015, da taɓawa ake sarrafa su. Gilashin yana ɗauke da 'yar wutar lantarki mai rauni, jikin mutum kuma yana ɗaukar lantarki, saboda haka da yatsa ya sauka na'urar ta gane gurbin. Koren hasken da ke walƙiya a bayansa bugun zuciya yake ƙirgawa, domin jini yana shanye koren haske. Yaro in ya ga wannan haske zai iya tuna dutsen Dakta Strange, alhali aikin injiniya ne da za a iya koya a makaranta.

A nan gizo ke saƙar

Mai tatsuniya in ya gama yakan ce ƙurunƙus, ya kuma ɗora wa gizo alhakin ƙaryar, kowa ya tashi ya san wasa aka yi. Mai fim ma haka, sunayen 'yan wasa sukan fito a ƙarshe. Wanda ya kamata mu ji tsoro shi ne mai ɗauko kalmomin tatsuniya da na kimiyya ya liƙa wa kayan sayarwa.

Ga misali biyu da hukumomi suka tabbatar. Wani kamfanin Amurka mai suna Power Balance ya sayar da abin hannu na roba mai ɗan tambari mai ƙyalli, a kan kusan dala 30, yana cewa yana daidaita ƙarfin jiki, yana ƙara kuzari da tsayuwa. Manyan 'yan wasa sun ɗaura shi. A watan Disamba na 2010 hukumar kare masu saye ta Ostareliya ta tilasta wa kamfanin ya fito fili ya amsa cewa ba shi da wata hujjar kimiyya, ya kuma yi tayin mayar wa mutane kuɗinsu. A 2011 ya shigar da takardar karayar arziki a kotu. Na biyu ya fi muni. A watan Disamba na 2021 hukumar kula da lafiyar nukiliya ta ƙasar Holan ta gargaɗi jama'a a kan kayayyaki 10 da ake sayarwa da sunan ƙarfin ɓoye ko kariya daga igiyoyin waya, cikinsu har da sarƙoƙin wuya da abin hannu na yara. Da aka auna su sai aka tarar su ne ke fitar da tururin nukiliya mai iya cutar da wanda ya daɗe yana sanye da su. Hukumar ta ce a daina sawa.

Irin wannan kaya yana ratsa kasuwanninmu da wayoyinmu, wani lokaci ma ta hannun ɗan'uwa ko maƙwabci da aka ruɗa da alkawarin riba in ya kawo wasu masu saye. Akwai wani gwaji da masu tallan suke yi. Za a ce ka tsaya da ƙafa ɗaya ka miƙa hannu, a danna hannun ka karkace. Sai a rataya maka sarƙar a sake dannawa, ka ji ka tsaya daram. Sirrin yana hannun mai dannawa: da farko yakan tura ka waje, a karo na biyu kuma ya danna zuwa tsakiyar jikinka, ga shi kuma ka riga ka shirya. Duk mai son gane gaskiya ya sa wani daban ya ɓoye sarƙar a aljihunsa ko ya bar aljihun wayam, ba tare da shi ko mai dannawar sun sani ba, a maimaita sau goma a gani.

To, ga ma'auni mai sauƙi da labaran nan suka ba mu. Na'urar cikin fim, duk da ƙarya ce, tana da iyaka kuma tana da illa. Maganin asibiti ma yana zuwa da takarda mai faɗin adadin da za a sha da wanda bai kamata ya sha ba. Amma abin da aka ce yana maganin hawan jini da ciwon suga da ciwon baya da rashin ciniki gaba ɗaya, ba sharaɗi, ba illa, ya wuce tatsuniya ma ƙarya. Babbar hasarar ita ce mai ciwo ya ajiye maganin likita ya dogara da sarƙa, kafin a farga cuta ta yi nisa, a ranar kuwa ba agogon da zai dawo da watannin da aka ɓata.

Shawara ga iyaye

Ba mu ce a hana yara kallon waɗannan finafinai ɗungurungum ba, in dai an tace wanda ya dace da shekarunsu. Abin da muke roƙo shi ne a riƙa zama da su, kamar yadda kakanninmu suke zama da mu a dandali. In fim ya ƙare a tambayi yaro: me ya sa agogon bai wuce awa 24 ba? Me ya sa yarinyar ta mayar da sarƙar? In an ba ka shi, wane abu za ka gyara, kuma me ya hana ka gyara shi yau? Yaron da ya saba da irin waɗannan tambayoyi da wuya ɗan damfara ya ci kuɗinsa in ya girma. Wanda kuma abin ya burge shi ƙwarai, a nuna masa cewa masu ƙera agogon atam da taurarin ɗan'adam daga ajin lissafi suka fara.

Shi dai yaronmu na rumfa bai tafi hannu wofi ba. Dattijo ya buɗe akwatinsa ya ɗauko wani tsohon agogon roba da mai shi ya daɗe bai zo karɓa ba, ya sa masa batir, ya ɗaura wa yaron. Ya ce, "Wannan ba ya tsai da lokaci, amma zai gaya maka nawa ya rage. Ka je gida ka ɗauki lissafi goma, ka ba kowanne minti uku, ka yi haka yau da gobe da jibi. Ba a fafe gora ranar tafiya." Yaro ya yi godiya ya ruga, yana tafe yana duban hannunsa.

Allah ya ba shi sa'a, mu kuma ya sa mu yi amfani da kwanakin da suka rage mana. Sai mun sadu a fitowa ta gaba.